Kifi Mai Ƙwai a Bakin Gurara

Direban da ya taso daga Kaduna ya nufi Abuja, da zarar ya wuce Rijana da Katari, hankalinsa ba ya kan ruwa. Idonsa na kan daji hagu da dama, ƙafarsa na kan totur, fasinjoji kuwa kowa da addu'ar da yake ja a zuci, saboda sunan da hanyar ta yi a shekarun masu garkuwa da mutane. Shi ya sa dubban matafiya suke haye kogin Gurara dab da Jere kullum ba tare da sun leƙa sun ga launin ruwansa ba. Ni ruwan ne ya kawo ni. Na sauka a mararrabar Jere a watan Yuni, damina ta kankama, kogin ya yi jawur da ƙasar da ya kwaso daga gonaki.

Jere gari ne na mahaɗa. Daga nan hanya ta ɓalle zuwa Bwari, wata ta yi gabas ta bi Kagarko da Kwoi har Kafanchan, ga kuma tashar jirgin ƙasan Abuja zuwa Kaduna da aka buɗe a 2016. Garin yana ƙaramar hukumar Kagarko, yana da sarkinsa, kuma Hausawa da Fulani da Gwari da Koro duk kasuwa ɗaya suke ci. A bakin titi matan Gwari na wucewa da doya da itace a kafaɗa, ba a ka ba, yadda suka gada. Ana sayar da citta, ana sayar da gawayi buhu-buhu, wanda shi kansa labari ne mai ɗaci game da dajin da ke riƙe wa kogin ƙasa.

Wurin masu kifi na fara tsayawa. Wata dattijuwa tana zaune gaban kwanduna biyu na banda, ta tanƙwara kowace tarwada kai ya haɗu da wutsiya, hayaƙi ya mai da ita baƙa mai sheƙi. Na gaishe ta.

“Mama, duk wannan na Gurara ne?”

“A'a, ɗana. Tarwada da karfasa da ƙurungu, su ne namu na nan. Wannan kwandon kuwa daga ƙasa ake kawo mana, wajen Kwara.”

A kwandon na biyu na hangi abin da na daɗe ban gani ba, wato gartsa. Na ɗauke ta na juya. Doguwa ce, jikinta a lulluɓe da ɓawo mai tauri, ƙwaya-ƙwaya a jere a karkace, ko wuta ba ta fasa shi ba. A gadon bayanta ƙananan ƙayoyi ne a jere, kowace da ɗan fiffikenta, ba fiffike guda ɗaya dogo irin na karfasa ba. Mama ta ce masu saye ba su cika son ta ba don wuyar ɓarewa, amma wanda ya san daɗin namanta ba ya wuce ta. Wannan kifi da ake yi wa ciniki a raine yana cikin mafi tsufan zuriya a duk kifayen duniya. Gartsa tana da huhu guda biyu, takan leƙo sama ta shaƙi iska in ruwa ya lalace, kuma a Afirka kaɗai ake samun danginta. Wani masanin dabbobi ɗan Ingila, John Samuel Budgett, ya yi ta zarya zuwa Afirka don kawai ya ga yadda ƙwanta ke zama kifi. Ya samu biyan buƙata a yankin Neja Dalta a 1903, ya koma gida da zazzaɓin da ya kashe shi a farkon 1904.

A bishiyar zuriyar kifaye, reshen da ke bin na gartsa shi ne na wani kifi da ba mu da shi a nan, wanda ake kira sitajin. Labarinsa ne ya sa na fara damuwa da namu. Yana rayuwa a arewacin duniya, a tekun Kasfiyan da Baƙin Teku da kogunan Rasha da Sin da Amurka. Jikinsa guringuntsi ne galibi, yana da layi biyar na faranta masu tauri daga kai zuwa wutsiya, bakinsa a ƙasa, da gashin baki huɗu da yake laluben abinci da su a gindin ruwa. Babbansu, beluga, kan haura shekara 100 a duniya, kuma an taɓa kama wata a bakin kogin Bolga a 1827 mai nauyin kilo 1,571. Sai dai macen ba ta fara ƙwai sai ta kai shekara 15 ko 20, kuma ba kowace shekara take yi ba. In lokaci ya yi sai ta baro teku ta hau kogi, tafiyar ɗaruruwan kilomita, ta nemi wuri mai tsakuwa da ruwa mai gudu ta zuba. Wannan ƙwan shi ne kabiya, abincin attajirai, kuma kafin a same shi a da sai an farke cikin uwar.

Abu biyu suka haɗu suka gama da shi: an tare masa hanya, kuma an bi uwayen da wuƙa. Dam ɗin Bolgogirad da aka gina a ƙarshen shekarun 1950 ya raba beluga da kusan dukan wuraren da take ƙwai. A kogin Danub an yi na Ƙofar Ƙarfe a 1972, a Yanzi na ƙasar Sin an tare kogin da na Gezhouba a 1981. Tun 1998 aka sa dukan dangin sitajin ƙarƙashin yarjejeniyar CITES mai sa ido kan cinikin halittun da ke cikin haɗari, amma duk da haka a watan Yulin 2022 ƙungiyar IUCN ta sanar cewa iri 26 da suka rage duk suna fuskantar ƙarewa, ta kuma tabbatar da cewa ɗan uwansu mai dogon baki na kogin Yanzi ya ƙare ƙaf. Rabon da a gan shi da rai tun 2003.

Abin da ya fi tsaya mini a rai a wannan labari shi ne yadda masifar ta ɓuya. Kifin da ke rayuwa shekara hamsin ko ɗari, ko an hana shi haihuwa yau, manyansa za su ci gaba da faɗawa raga shekara da shekaru. Masunci na kamawa, kasuwa na ci, kowa na ganin lafiya lau. Babu wanda ke lura cewa ƙanana sun daina tasowa, sai ranar da tsofaffin suka ƙare.

Da wannan tunani na hau babur zuwa wajen dam. An gargaɗe ni tun a gari kada in bari yamma ta yi mini a can, don dajin da ke tsakanin Kagarko da Kachia ba abin wasa ba ne. Hanya ta ratsa gonakin masara da ta kai gwiwa, da kunyoyin doya, da filayen citta da aka lulluɓe da ciyawa don kada rana ta ƙona iri. Can sai ruwan ya bayyana tsakanin tsaunuka, faɗinsa ya fi ƙarfin ido, da busassun itatuwan da ya cinye suna tsaye a cikinsa.

An ba da kwangilar dam ɗin Gurara a 2001, zamanin Obasanjo, kuma ba don kifi aka gina shi ba. Abuja ce ke jin ƙishi. Tafkin na ɗaukar ruwa kimanin kubik mita miliyan 880, ana tura shi ta wani ƙaton bututu mai faɗin mita 3 da tsawon kusan kilomita 75 zuwa dam ɗin Usuma, inda ake tace shi a raba wa birnin tarayya. An haɗa masa injinan lantarki na megawat 30 da shirin noman rani a wajen Azara da Jere. Ba na cikin masu cewa da ma ba a gina ba. Mutum miliyoyi suna sha, kuma shan ruwa haƙƙi ne. Abin da nake cewa shi ne kogi yana da wasu ma'abota ban da mu, kuma lissafin da aka yi bai sa su ciki yadda ya kamata ba.

A wani mashigi na tarar da masunta suna fitowa da kwale-kwale. Yawancinsu baƙi ne, wasu daga Kabi da Yawuri, wasu daga wajen Neja, sun biyo ruwa kamar yadda Sarkawa suka saba tun kaka da kakanni: inda aka tare sabon tafki, nan za ka gan su da iyalansu da murhun banda. Wani dattijo yana zaune a kan gungume yana ɗinkin kalli. Na yi sallama, ya matsa mini wuri.

“Baba, yaya ruwa?”

“Ruwa alhamdu lillahi, Malam. Ruwa kam ga shi nan. Abin cikinsa ne sai a hankali.”

Ya ce shekarun farko bayan an tare kogin, mutum ɗaya kan cika jirgi kafin hantsi. Yanzu sai ka shimfiɗa raga ninki uku kafin ka samu rabin wancan, kuma abin da ke shiga bai fi tafin hannu ba. Wannan ba sabon abu ba ne ga wanda ya san tarihin Kainji. Da aka rufe kogin Kwara a 1968, ruwa ya hau kan daji da gonaki, ciyawa da ganye suka ruɓe suka zama abinci, kifi ya yi ambaliya: kamun shekara ya haura tan 28,000 a farkon shekarun 1970. Kafin shekarun su ƙare ya faɗo ƙasa da tan 5,000. Kowane sabon tafki haka yake yi, ya fara da yalwa, yalwar ta jawo jama'a, sannan ta janye ta bar jama'ar da ragarsu. Daga nan sai a fara rage idon raga don a samu na cefane, kuma da an fara wannan, gangara ce.

Muna cikin magana wani saurayi ya jawo wata tarwada daga cikin jirgi, ita ce babba a kamun ranar, za ta yi kilo uku. Cikinta ya kumbura ya yi laushi. Matar da ta saya ta sa wuƙa nan take, sai ga jaka biyu na ƙwai sun zubo, kore-kore mai ratsin ƙasa-ƙasa, ƙanana ƙwarai, a cunkushe har suna sheƙi. Tarwada mai wannan girma tana ɗauke da ƙwai dubbai masu yawa, sun fi dubu ɗari. Matar ta kwashe su a roba ta ce na miyar yara ne. Ban ga laifinta ba, ban ga na saurayin ba. Amma na san abin da nake kallo: manomi ne yake dafa irin da ya ajiye a rumbu ana gobe shuka.

Dattijon ya ga inda idona yake. “Malam, na san abin da za ka ce. Mu ma mun sani. To in na sake ta, na bayana zai kama. Yarana kuma ba za su ci haƙuri ba.”

Ba ni da amsar da ta fi tasa ƙarfi, kuma duk wanda zai yi maganar kare kifi bai fara daga wannan jumla ba, ɓata bakinsa yake yi.

Kifayenmu ba sa doguwar tafiya irin ta sitajin. A Gurara ma akwai shinge na Allah tun fil azal, wato gangaren ruwan nan da ke jihar Neja kusa da hanyar Suleja zuwa Minna, mai tsayin kusan mita 30, wanda kifin da ya hauro daga Kwara ba ya iya tsallakewa. Hijirar namu ta gefe ce. Suna jiran ruwan farko ya ɗaga kogi ya malala cikin fadama, sai su bi shi. Tarwada da dare take fita, ta kutsa cikin ciyawar da ruwa ya rufe, ta watsa ƙwai masu danƙo su manne a jikin ganye, cikin kwana ɗaya ko biyu sun ƙyanƙyashe. A manyan fadamun Kwara da Binuwai da Hadeja, bargi kan share fili ya gina sheƙa zagayayya mai faɗin kusan mita ɗaya a cikin ciyawa, iyaye su tsaya gadin 'ya'ya. Ɗan sarki, wanda wasu ke kira yauni, sheƙarsa a kan ruwa take yawo, ƙwansa manya ne kuma ba su da yawa, kimanin dubu ɗaya, don haka duk sheƙar da aka kwashe asara ce babba. Gaiwa kuwa namiji ne ke tsaron rami, kuma in fadama ta ƙafe sai ta nutse cikin laka, ta naɗe kanta da majina ta bushe, ta bar 'yar ƙofar numfashi, tana cin jikinta har damina ta dawo. Karfasa uwar ce ke ɗaukar ƙwai a baki, ba ta ci ba ta sha sai sun zama kifi.

Duk wannan tsari a kan abu ɗaya ya rataya: ruwa ya zo a kan kari, ya hau fadama, ya zauna makonni kafin ya janye. Dam yana sauya wannan. Ruwan farkon damina, wanda shi ne ke kiran kifi, shi ake riƙewa don a cika tafki. In ya cika a ƙarshen damina sai a saki da yawa lokaci guda, ya share gonaki da sheƙuna tare. Mutanen fadamar Sakkwato sun ga haka bayan dam ɗin Bakolori a 1978, na Hadeja da Nguru sun gani bayan Tiga a 1974 da Challawa a 1992, inda kachalla ta toshe hanyoyin ruwa kifi ya ja baya. Ba sai mun je Bolga neman misali ba.

Sai kuma abin da hannunmu ke yi kai tsaye. Dattijon ya ce tun yana yaro ya san majimfa, ganyen da ake dakawa a zuba a ƙaramin gurbi kifi ya bugu ya taso. Wannan ma ba alheri ba ne, amma ruwa kan wanke shi. Abin da ya zo daga baya shi ne gamalin da sauran magungunan feshi, waɗanda ba sa barin babba ba sa barin ƙarami, har kwaɗo da kaguwa, sannan a kai kifin kasuwa mutane su ci guba. Akwai masu jan taru da gidan sauro a bakin gaɓa, daidai inda 'ya'yan kifi ke fakewa. Doka ta hana duk wannan tun Dokar Kamun Kifi ta Ruwayen Cikin Ƙasa mai lamba 108 ta 1992, wadda ta haramta guba da nakiya da lantarki ta kuma ƙayyade idon raga. Muna da cibiyar binciken kifin ruwan daɗi a Sabuwar Busa mai masana da suka san aikinsu. Takarda ba ta yi ƙaranci ba. Wanda zai tsaya a bakin ruwa da asuba ne babu.

Shi ya sa nake ganin maganin yana hannun sarakunan ruwa fiye da ofis. Rufe ruwa al'adarmu ce. A Argungu, Matan Fada a rufe yake duk shekara, ba mai jefa homa sai ranar da aka ba da izini, kuma wannan hanin ne ya sa ake fito da kifi mai kilo saba'in da wani abu ranar gasa. Bikin da aka faro a 1934, wanda UNESCO ta sa cikin gadon al'adun duniya a 2016, mutane na kallon ganga da tsalle cikin ruwa, amma ginshiƙinsa watannin da ba a taɓa ruwan ne. A Kainji ma, aikin haɗin gwiwar Najeriya da Jamus na shekarun 1990 bai samu sauƙin hana jan tarun dala ba sai da aka sa sarakuna da shugabannin masunta a gaba. Ƙasar Sin, bayan ta yi asarar da ba ta dawowa, ta rufe kamun kifi a Yanzi na shekara goma daga 1 ga Janairun 2021, ta kuma biya masunta ta nema musu wata sana'a. Mu ba mu buƙatar shekara goma a Gurara. Watanni biyu ko uku na farkon damina, da wasu 'yan lunguna masu ciyawa da za a ce nan ba a shiga ko da yaushe, da yarjejeniya da masu kula da dam a riƙa sakin ruwa daidai lokacin da kifin ƙasa ke jiransa. Kuma a haɗa da abin da masunci zai ci a watannin, ko fili a shirin noman da ke gefensa, ko bashi marar ruwa da zai biya bayan an buɗe. Na faɗa wa dattijon haka. Ya ɗan yi shiru yana jan zare, sannan ya ce in dai kowa zai bari tare, kuma mai hanin ɗan ruwa ne ba mai kaki da zai karɓi na goro ya kau da kai ba, shi ne na farko da zai naɗe ragarsa.

Na bar bakin ruwa da la'asar sakaliya kamar yadda aka gargaɗe ni. Washegari na kama hanyar Kafanchan ta Kagarko da Kwoi, ƙasar citta, na wuce kusa da Nok ban tsaya ba. A kasuwar Kafanchan, garin da jirgin ƙasa ya raya tun 1927, kifin da ya fi yawa ba na kogi ba ne. Na ƙanƙara ne da aka yo odarsa daga tekunan wasu ƙasashe, sai tarwadar kiwo a cikin manyan robobi. Alƙaluman da gwamnati kan ambata sun ce ƙasar na buƙatar kimanin tan miliyan 3.6 na kifi a shekara, abin da take samarwa kuwa bai wuce kashi ɗaya cikin uku ba.

Wasu na cewa ai kiwo zai maye gurbin kogi. Kiwon sana'a ce mai kyau, ina kuma son ta bunƙasa. Amma kusan duk kabiyar da ake sayarwa a duniya yau daga gonakin kiwo take fitowa, Sin ce kan gaba, kuma hakan bai dawo da sitajin kogunansa ba. A nan gida ma iri ɗaya ko biyu kaɗai ake kiwo sosai, babu mai kiwon gartsa ko ƙurungu don ya ceci zuriyarsu. Wani matashi mai ƙyanƙyasar tarwada a bayan gari ya zagaya da ni tankunansa, ya ɗebo 'ya'yan kifi a tafin hannu ya nuna mini wasu masu karkataccen baya, wasu kai ya fi jiki. Ya ce iyayen 'yan gida ɗaya ne, an yi ta haɗa su da juna har jinin ya gaji.

“To yanzu mene ne abin yi, ƙanena?”

“Sai sabon jini, Yaya. Na aika wa wani masunci kuɗi ya nemo mini manyan mata na kogi. Tun kafin azumi nake jira, har yau yana ce mini bai samu masu girman da nake so ba.”